Gangar Ireland da Ta Iso Lome

Mu mazauna Zongon Kwatano mun san yadda titi ke zama abin rigima. A farkon 2017, da hukuma ta hana shimfiɗa tabarmin sallah a kan kwalta, sai da zukata suka yi zafi kafin manya su zauna. Lokacin ne na koma kan tarihin wata ƙungiya da ta haura shekara ɗari biyu tana jayayya a kan hanyar da za ta bi.

Sunanta Orange Order. Kiristoci 'yan Furotesta ne suka kafa ta a 1795 a Loughgall, arewacin Ireland, bayan wata arangama da maƙwabtansu 'yan Katolika. Kowace ranar 12 ga Yuli sukan fito jerin gwano da ganguna da tutoci, suna tuna nasarar Sarki William a kan Sarki James a yaƙin Boyne na 1690. A wurinsu gado ne. Shi kuwa ɗan Katolikan da ake ratsa unguwarsa, kowace shekara ana zuwa ƙofar gidansa ne a tuna masa cewa an ci kakanninsa da yaƙi.

An zubar da jini a Dolly's Brae a 1849, majalisar Birtaniya ta haramta irin wannan fita a 1850, aka janye dokar a 1872. Rikicin Drumcree ne ya fi taɓa ni. Daga 1995 aka yi ta ja-in-ja a kan titi guda, Garvaghy, a garin Portadown. A 1998 aka hana su bi, kuma cikin tarzomar makon aka cinna wa wani gida wuta a Ballymoney, yara uku 'yan uwan juna suka ƙone.

Abin mamaki, ƙungiyar ta iso har maƙwabtanmu. Ta buɗe reshe a Legas kafin Yaƙin Duniya na Farko, daga can John Amate Atayi ya kai ta Lome a 1915, sannan ta tsallaka Keta a Ghana. A nan sai ta zama zumuncin 'yan coci, ba wanda ya gaji gabar Boyne, ba unguwar da ke rufe ƙofa idan sun fito.

A Portadown kuwa, tun 1998 ba a sake bari sun bi Garvaghy ba.