Alyssa Valdez: 'Yar wasan da ta taimaka ƙwallon raga ta mata ta zama sana'a a Filifin

Alyssa Valdez 'yar wasan ƙwallon raga ce ta ƙasar Filifin, kuma kyaftin ɗin ƙungiyar Creamline Cool Smashers. An haife ta ranar 29 ga Yuni, 1993, a garin San Juan na lardin Batangas, kudu da Manila, babban birnin ƙasar. Sau 3 a jere tana zama gwarzuwar gasar jami'o'i, sau 2 tana riƙe tutar ƙasarta a bikin buɗe wasannin Kudu maso Gabashin Asiya, kuma a zamaninta ne babbar gasar mata ta ƙasar ta tashi daga wasan sha'awa ta koma sana'a mai albashi da kwantiragi. Sai dai duk da wannan ɗaukaka, ta bar tawagar ƙasa a 2023 ba tare da ta rataya lambar yabo ko ɗaya a waɗancan wasanni na yankin ba. Tarihinta ya ƙunshi ɓangarorin nan biyu, kuma ba za a fahimci ɗaya ba sai an dubi ɗayan.

Wasan da ƙasar da ta tashi a ciki

Ƙwallon raga wasa ne na mutum 6 a kowane gefe, da raga a tsakani. Kowane gefe yana da damar taɓa ƙwallo sau 3 kafin ya tsallakar da ita, kuma ana cin maki ne idan ƙwallo ta faɗi a filin abokan karawa ko suka yi kuskure. Ana buga wasa turmi-turmi. Wanda ya fara kai wa maki 25 da ratar maki 2 shi ya ci turmi, wanda ya ci turmi 3 kuma shi ya ci wasa. Idan an yi kunnen doki 2 da 2, sai a raba gardama a turmi na 5, wanda ke tsayawa a maki 15.

Wani Ba'amurke mai suna William G. Morgan ne ya ƙirƙiro wasan a 1895, ya kuma isa Filifin a 1910, lokacin da ƙasar ke ƙarƙashin mulkin Amurka. Mutanen Filifin ake danganta wa salon da ya canza wasan wajen 1916, wato wani ya ɗaga ƙwallo sama kusa da raga, wani ya yi tsalle ya maka ta ƙasa da ƙarfi. Aikin da Valdez ta shahara a kai ke nan. Tana kai hari ne daga gefen hagu, gurbin da ake miƙa wa ƙwallo idan al'amura suka cakuɗe. Tsawonta bai wuce wajen mita 1.75 ba, wanda a ma'aunin manyan ƙasashen wasan ba a kiransa tsawo, don haka ta dogara da tsalle, ƙarfin hannu da sanin inda za ta ajiye ƙwallo.

A Filifin ƙwallon kwando ce sarauniyar wasanni, dambe na biye da ita. Ƙwallon raga ta mata ta daɗe tana makarantu da unguwanni, amma ba ta cika manyan zaurukan wasanni ba sai a shekarun da suka biyo bayan 2010.

Daga ƙauye zuwa Manila

Valdez ta koyi wasan tun tana firamare, tana bugawa da 'yan'uwanta maza. A wasannin makarantu aka gano ta, aka kai ta makarantar sakandare ta Jami'ar Santo Tomas da ke Manila, inda ta yi wasa a hannun koci Francis Vicente, ƙungiyarsu ta ci kofin 'yan sakandare sau 3 a jere. Daga nan ta wuce Jami'ar Ateneo de Manila, ta karanci ilimin halayyar ɗan Adam, ta fara buga wa ƙungiyar jami'ar, Lady Eagles, a kakar 2011 zuwa 2012.

Gasar da ta shiga ana kiranta UAAP. Ƙungiya ce ta jami'o'i 8 na yankin Manila da aka kafa tun 1938, wadda ke shirya gasa kowace shekara, ana kuma nuna wasanninta kai-tsaye a talabijin. Gabar da ta fi zafi a cikinta ita ce ta Ateneo da Jami'ar De La Salle, masu shuɗin kaya da masu kore. A shekaru 2 na farkon Valdez, Ateneo ta kai wasan ƙarshe sau 2, De La Salle ta doke ta duka biyun.

Kakar 2014

Shekarar da sunanta ya fita ita ce kakar 2013 zuwa 2014. Manyan 'yan wasan Ateneo 5 sun gama karatu sun tafi, aka bar ta da ƙanana, aka kuma kawo sabon koci daga Tailan, Anusorn Bundit, wanda ake kira Tai. Ba ya jin Turanci sosai, horonsa mai tsanani ne, kuma ya kan sa 'yan wasa su rufe ido su natsu a lokacin hutun wasa. Ba wanda ya sa ran za su yi nisa.

De La Salle kuwa ta riga ta ci kofin sau 3 a jere, kuma a wannan kaka ta lashe duk wasanninta 14 na zagayen farko. Bisa dokar gasar a lokacin, hakan ya kai ta wasan ƙarshe kai-tsaye da babbar garaɓasa: ita nasara 2 take buƙata, mai ƙalubalantarta kuwa sai ta doke ta sau 3. Ateneo ta ƙare a matsayi na 3, don haka sai da ta fitar da Jami'ar Adamson, ta doke National University sau 2, sannan ta tunkari De La Salle. Ta ci wasan farko, ta faɗi a na biyu, ta ƙwaci na uku da ƙyar a turmi na 5, sannan ranar 15 ga Maris, 2014, ta ci na huɗu turmi 3 babu ko ɗaya. Wannan ne kofin farko da Ateneo ta taɓa ci a ɓangaren mata na gasar. Valdez ta tashi da lambobi 4: gwarzuwar kaka, gwarzuwar wasan ƙarshe, wadda ta fi cin maki, da wadda ta fi iya bugun farko.

A kakar da ta biyo baya Ateneo ta riƙe kofin ba tare da an doke ta ko sau ɗaya ba a wasanni 16. A shekararta ta ƙarshe, 2016, Valdez ta sake zama gwarzuwa karo na 3 a jere, amma De La Salle ta ƙwace kofin a wasa na uku, ranar 30 ga Afrilu, a zauren Araneta, gaban 'yan kallo sama da 22,000. Ta yi bankwana da jami'a da rashin nasara, amma wannan cincirindo shi ne shaidar abin da ya canza. Kamfanoni sun ga cewa wasan mata na iya sayar da tikiti da talla.

Yadda wasa ya zama sana'a

Kafin wannan lokaci, 'yar wasan da ta gama jami'a ba ta da zaɓi mai yawa. Wasu kan shiga aikin soja su riƙa buga wa rundunar ƙasa ko ta sama, wasu su buga wa kamfani na 'yan watanni, da yawa kuma su ajiye wasan su nemi aiki. Ita kanta Valdez ta yi wannan yawo. Ta buga wa kamfanin sadarwa na PLDT, ta buga wa BaliPure, a ƙarshen 2016 kuma ta buga wa ƙungiyar Hukumar Kwastam ta Filifin, wadda ta kai wasan ƙarshe. A 2017 ta fita waje, ta buga wa 3BB Nakornnont a Tailan da Attack Line a Taiwan, amma duka biyun zama ne na ɗan lokaci.

A 2017 ɗin ne aka sauya wa gasar V-League, wadda aka fara a 2004, suna zuwa PVL. Kamfanin biskit na Rebisco ya kafa ƙungiya da sunan askirim ɗinsa, Creamline, ya gina ta a kan Valdez. Ba da daɗewa ba Jia Morado, wadda ke ɗaga mata ƙwallo tun suna Ateneo, ta same ta a can. Sun ci kofinsu na farko a 2018. A ƙarshen 2020 gasar ta samu amincewar hukumar da ke kula da wasannin sana'a a ƙasar, aka buga kakar sana'a ta farko a 2021 a garin Bacarra, a killace saboda annobar korona. A wannan karo Chery Tiggo, ƙarƙashin jagorancin Jaja Santiago, ta doke Creamline a wasan ƙarshe.

Daga nan Creamline ta mamaye gasar. Zuwa ƙarshen 2024 ta tara kofuna 10, ciki har da dukkan kofuna 3 na shekarar 2024. Ranar 16 ga Disamba, 2023, mutum 24,459 suka kalli wasan ƙarshe tsakaninta da Choco Mucho, ita ma mallakar Rebisco, a zauren Araneta. A 2024 gasar ta fara shirya taron zaɓen sababbin 'yan wasa daga jami'o'i bisa tsari, irin yadda manyan gasannin sana'a ke yi. Ba Valdez kaɗai ta kawo wannan ba. Akwai talabijin, akwai kafofin sada zumunta, akwai tsararrakinta da dama. Amma ita ce fuskar da aka fi sayar da gasar da ita.

Shekarun baya-bayan nan ba su zo mata da sauƙi ba. A 2022 zazzaɓin dengi ya kwantar da ita, a Disambar shekarar kuma ta ji rauni a gwiwar dama, wanda ya raba ta da fili na watanni, ya kuma rage yawan lokacin da take bugawa bayan ta dawo. Nauyin cin maki ya koma kan 'yan baya irin su Tots Carlos da Jema Galanza, ita kuma ta ci gaba da riƙe jagoranci. A 2023 aka naɗa ta shugabar Spikers' Turf, gasar ƙwallon raga ta maza, abin da ba a saba gani ba ga mace mai buga wasa.

Lambar da ba ta samu ba

Filifin ta ci zinare na ƙarshe a ƙwallon raga ta mata a wasannin Kudu maso Gabashin Asiya a Singafo, cikin Yunin 1993, kwanaki kaɗan kafin a haifi Valdez. Daga 1995 Tailan ta karɓe ragama. Bayan tagullar da Filifin ta samu a gida a 2005, ƙasar ta daina tura tawagar mata har shekara 10, kuma rikicin shugabanci ya daɗe yana dabaibaye hukumar wasan.

Valdez na cikin tawagar da ta koma fagen a 2015 a Singafo, kuma ita aka ba tutar ƙasa. Ta halarci wasannin sau 5. A 2015 ba su wuce rukuni ba. A 2017 Biyetnam ta hana su tagulla. A 2019, a gida, Indunusiya ta doke su a turmi na 5, ta sake yi musu haka a neman tagulla a 2022 da 2023. Sau 4 a jere ke nan suna ƙarewa a matsayi na 4. Don ta halarci wasannin 2022 a Hanoi, ta janye daga shirin talabijin na Pinoy Big Brother bayan ta samu gurbin zagayen ƙarshe. A 2023, a Kambodiya, ta sake riƙe tuta, bayan wasan ƙarshe kuma ta sanar da barin tawagar.

Dalilin wannan gibi a bayyane yake. Tailan ta shafe shekaru tana riƙe da 'yan wasa guda suna atisaye tare, suna karawa da manyan ƙasashen duniya. A Filifin kuwa an fi haɗa tawaga cikin gaggawa daga ƙungiyoyi dabam-dabam, wasu lokutan ana jayayya kan sakin 'yan wasa. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Shekara guda bayan tafiyarta, a Mayun 2024, sabuwar tawaga mai suna Alas Pilipinas, ƙarƙashin Jia Morado-De Guzman, ta ci tagulla a wata gasar nahiyar Asiya da aka yi a Manila. Yawancin 'yan tawagar matasa ne da suka taso a lokacin da Valdez ke tashe.

Abin lura ga Najeriya

Mai karatu a nan gida zai ga kama. A Najeriya ma fitattun ƙungiyoyin ƙwallon raga na mata na hannun hukumomin gwamnati ne irin su Kwastam da Sibil Difens, inda sakamakon 'yar wasa shi ne samun aiki. Wasannin jami'o'i na NUGA sun faro tun 1966, amma biki ne na 'yan kwanaki, ba gasa ce da ake bi mako-mako a talabijin ba. Abin da ya ɗauko Valdez daga San Juan matakala ce mai hawa huɗu: wasannin makarantu da suka fito da ita, sakandaren da ta ɗauke ta, gasar jami'o'i da ba ta fashi, da 'yan kasuwar da suka zuba kuɗi bayan sun ga 'yan kallo. Yarinyar da ta tashi da irin wannan baiwa a Dogon Daji ko Kebbe, ko da iyayenta sun amince kuma an tanadi suturar da ta dace da tarbiyyarta, hawan farko ma take nema. Kayan wasan ba su da yawa: fili, raga da ƙwallo. Abin da ke da wuya shi ne gasar da za a riƙa bugawa kowace shekara ba tare da yankewa ba.