Majami'ar Faras Wadda Rairayi Ya Ɓoye

Idan ana lissafin tsofaffin majami'u na ƙasashen baƙar fata, yawanci akan fara daga bakin teku. A Gabon, alal misali, Fada Bessieux ya kafa mishan ɗin Sainte-Marie a 1844, a wurin da birnin Libreville yake yau. Amma can gabas, a bakin Kogin Nilu, akwai wata majami'a da ta girme wannan mishan da shekara fiye da dubu. Sunan wurin Faras, ƙauye ne a kan iyakar Sudan da Masar. A zamanin dā babban gari ne na ƙasar Nubiya, ana ce da shi Pakoras.

Bishara ta shiga Nubiya wajen shekara ta 543, lokacin da sarauniya Tiyodora ta Kustantiniya ta aiki wani firist mai suna Yuliyanus. A 652 mayaƙan Larabawa suka kai har Dongola, ba su ci garin ba, sai aka ƙulla yarjejeniya wadda ta daɗe ɗaruruwan shekaru. Cikin wannan zaman lafiya ne Bishof Bulus ya sāke gina majami'ar Faras a 707. Shekarar tana rubuce a kan dutse da Helenanci da kuma Kibɗanci.

An ɗora ginin a kan harsashin wata majami'a da ta riga ta. Ƙasan bangon na sassaƙaƙƙen dutse ne, da yawa an ɗebo su daga rusassun haikalan Fir'auna, sama kuma jan bulo. Ginshiƙan dutse ne suka riƙe rufin katako. Wajen ƙarshen ƙarni na goma aka sauke katakon, aka yi rufin bulo mai bakan gizo da ƙubba.

Abin da ya sa ake tunawa da Faras shi ne zanen bango. Kowace tsara takan shafe bangon da sabon yaɓe ta yi nata zane a kan na iyayenta, har aka sami zane a ƙarƙashin zane. Akwai haihuwar Almasihu, da makiyaya, da masanan nan na gabas a kan dawakai. Akwai Shadrak, Meshak da Abednego cikin tanderun wuta, Mala'ika Mika'ilu ya buɗe fikafikansa a kansu. Wanda ya fi suna shi ne hoton Hannatu, wadda al'adar ikkilisiya ta ce ita ce mahaifiyar Maryamu (sunanta ba ya cikin Littafi Mai Tsarki). Idanunta manya, ta ɗora yatsa a kan leɓenta. Waɗansu masana sun ce tana tsawata wa masu surutu a ɗakin sujada, waɗansu sun ce addu'a take yi a zuci. Duk wanda ya taɓa koyar da ajin yara ranar Lahadi zai fi karkata ga na farko.

Sai mai karatu ya lura da launin fata. Masu zanen sukan yi tsarkaka da fuska mai haske, amma bishof-bishof da sarakunan ƙasar sukan yi su da fatarsu ta ainihi. Ga Bishof Bitrus, wanda ya riƙe kujerar a ƙarshen ƙarni na goma, baƙin mutum, sanye da tufafin hidima, Manzo Bitrus yana tsaye a bayansa ya dafa kafaɗunsa. A wani bangon kuma an jera sunayen bishof-bishof na garin da shekarun da kowannensu ya yi. Ikkilisiya ce ta 'yan ƙasa, da shugabanninta da littattafanta cikin harshen Nubiya.

Duk da haka ta shuɗe. Mulki ya raunana, ƙabilun Larabawa suka yi ta shigowa, a 1317 aka mai da babban ginin sarauta na Dongola masallaci. Akwai kuma wani rauni na cikin gida: daga Iskandariya ake naɗa bishof, idan hanya ta toshe babu mai keɓe sababbin firistoci. Wani firist ɗan Fotugal, Firansisko Albares, wanda ya zauna a Habasha wajen 1520, ya ba da labarin mutum shida da suka zo daga Nubiya suna roƙon a ba su firistoci. Sarkin Habasha bai ba su ba. A Faras kuwa rairayi ya cika ginin har rufi, daga baya aka gina kagara a kan tudun.

Rairayin nan ne ya kiyaye zanen. Da Masar ta tashi gina babban dam na Aswan, UNESCO ta yi kira a 1960 a ceci kayan tarihi kafin ruwa ya zo. Farfesa Kazimierz Michałowski na Foland ya fara tona tudun a 1961, yana zaton zai sami haikalin Fir'auna saboda duwatsun da ya gani. Sai ga fuskokin mala'iku. An sami zane fiye da 150. Sukan liƙa takarda da ƙaki a fuskar zanen, su yanke yaɓen daga bango, su sa a akwati. Zuwa 1964 sun cire fiye da 120. Guda 67 suka tafi gidan tarihi na Warso, sauran aka kai na Khartum, wanda aka wawashe cikin yaƙin da ya ɓarke a 2023.

Ruwa ya rufe Faras. Mutanen ƙauyen, tare da dubban 'yan Nubiya na yankin Wadi Halfa, aka kwashe su zuwa Khashm el Girba a gabashin Sudan, inda aka gina musu Sabuwar Halfa.