Kabarin Sutton Hoo da Matsalar Sunan Mamacinsa

Wannan maƙala za ta duba wata matsala da ta daɗe tana ci wa masana tarihin Ingila tuwo a ƙwarya, wato tantance wanda aka binne a babban kabarin Sutton Hoo, a gundumar Suffolk, kusa da kogin Deben.

A shekarar 1939 ne Basil Brown ya tone wani tudun ƙasa a filin Edith Pretty, inda ya tarar da shatin jirgin ruwa mai tsawon mita 27. Katakon ya ruɓe, sai ƙusoshin ƙarfe kawai suka rage jere a mazauninsu. A tsakiyar jirgin an jibge kwalkwali da takobi da garkuwa da kayan adon zinariya, da kuma wani babban farantin azurfa mai hatimin Anastasiyas na Ɗaya, sarkin Rumawan Gabas (491–518). Ba a sami gawa ba, domin ƙasar wurin tana cinye ƙashi.

Abin lura ga manazarcin harshe shi ne, babu abu ko ɗaya cikin wannan dukiya da ya ambaci sunan mai ita. Rubutun da aka samu na baƙi ne: Latinanci a jikin tsabar zinariya 37 da aka buga a ƙasar Farankawa, da haruffan Girkanci a jikin cokula biyu na azurfa masu ɗauke da sunayen Paulos da Saulos. Tsabar ce ta nuna cewa an yi jana'izar a farkon ƙarni na bakwai.

Daga nan sai masana suka koma ga littafin tarihi da malamin coci Bede ya kammala a 731. A ciki ya kawo labarin Raedwald, sarkin Gabashin Angiliya, wanda ya karɓi Kiristanci a Kent, amma ya ajiye bagadi biyu a ɗakin bauta guda, ɗaya na Almasihu, ɗaya na gumakan kakanninsa. Ana jin ya rasu wajen 624. Lalle hoton ya dace da kabarin: binnewa cikin jirgi al'adar maguzanci ce, cokulan kuwa ana ɗaukar su kyautar baftisma.

A ganina, wannan hujja ba ta wuce kyakkyawan zato ba. Bede bai faɗi inda aka binne Raedwald ba. Hasali ma, wasu masana na ganin Saulos ɗin nan kuskuren maƙeri ne, wanda ya so rubuta Paulos a cokali na biyu alhali bai san haruffan Girkanci ba.