Tarihin Kai Kuka Babbar Kotu kan Jinkirin Kotunan Iyali a Indiya

Tun a 1872 alƙalan majalisar da ke Landan, wadda ita ce matakin ƙarshe na ɗaukaka ƙara daga Indiya a zamanin mulkin mallaka, suka lura cewa wahalar mai ƙara a ƙasar tana somawa ne daga ranar da ya yi nasara. Babu inda wannan magana ta fi tabbata kamar shari'ar ciyarwa. Mace za ta riƙe takardar hukunci a hannu, miji ya ƙi biya, kotu kuma ta yi ta ɗage zama: ga ƙoshi ga kwanan yunwa.

Maganin da masu ƙara ke nema yana da tsohon asali. Dokar 1861 da ta kai ga kafa manyan kotunan Kalkata, Bombai da Madaras a 1862 ta ba su ikon sa ido a kan ƙananan kotuna. Tsarin mulkin da ya fara aiki a 1950 ya gaji wannan iko, ya sanya shi a sashe na 227. Wanda ya je Babbar Kotu ta wannan ƙofa ba ɗaukaka ƙara yake yi ba, domin bai ƙi hukuncin ba. Roƙonsa shi ne a umarci alƙalin ƙasa ya kammala aikin cikin wa'adi.

Sashe na 125 na dokar shari'ar laifuka ta 1973 ya ba mata, 'ya'ya da iyaye damar neman ciyarwa, ya kuma yarda a ɗaure mai taurin biya har tsawon wata guda. Da wannan sashe Shah Bano ta yi nasara a Kotun Ƙoli a 1985. Shekara guda kafin haka, a 1984, an zartar da dokar kafa kotunan iyali domin a sasanta ma'aurata, a kuma hanzarta shari'a. Sai dai ƙararraki sun yi wa kotunan yawa, jinkirin da aka gudu ya biyo su har sabon gida.

A 2001 majalisa ta cire iyakar rufi 500 da aka ƙayyade a wata, ta nemi a yanke batun ciyarwar wucin gadi cikin kwana 60. Duk da haka, a 2014 Kotun Ƙoli ta yi tir da wata kotun iyali da ta riƙe ƙarar mace shekara tara. A Nuwamban 2020 ta shimfiɗa ƙa'idoji ga ƙasar baki ɗaya: kowane ɓangare ya bayyana dukiyarsa bisa rantsuwa, kuma lissafin ciyarwa ya fara daga ranar shigar da ƙara. Hikimar nan a fili take, domin miji ba zai ƙara cin ribar jan ƙafa ba, bashi ne kawai zai yi ta taruwa a kansa. A 2021 ta sake umartar kotuna su gama zartar da hukunci cikin wata shida, in sun wuce su rubuta dalili.

Amma sashe na 227 ba ƙofa ce a buɗe ga kowa ba. Babbar Kotu na da zaɓin karɓa ko ƙi, takan kuma yi taka-tsantsan, domin gabatar da ƙara ɗaya tura wasu baya ne. Ga kuɗin lauya, ga nisan tafiya. Matar da ta fi kowa buƙatar a gaggauta mata, sau da yawa ita ce ba ta da guzurin isa can.