Ayarin Jiragen Ruwa Zuwa Malta, 1940–1942: Me Ke Sa Kaya Su Kai Ga Masu Su?

Tsibirin Malta, ko an haɗa shi da maƙwabcinsa Gozo, bai wuce murabba'in kilomita 316 ba. Yana tsakiyar Bahar Rum, kamar kilomita 90 kudu da Sisili. A 1940 yana ƙarƙashin mulkin Ingila, jama'arsa sun haura dubu 250, ƙasar kuwa duwatsu ce, abin da gonakinta ke bayarwa ba ya ciyar da ko rabin mutanen. Alkamar burodi, kananzir ɗin girki, kwal, fetur, harsashi, duk ta teku suke shigowa. Italiya ta shiga Yaƙin Duniya na Biyu ranar 10 ga Yuni 1940, washegari bama-bamai suka fara sauka a kan tsibirin. Daga nan har ƙarshen 1942 rayuwar Malta ta rataya a kan ayarin jiragen dakon kaya da jiragen yaƙin da ke raka su.

Masu ba da labarin wannan ƙawanya sun fi son ƙidayar jirage: nawa suka taso, nawa suka nutse, nawa suka shiga tasha. Ni a ganina ƙidayar nan tana ɓoye asalin al'amarin. Jirgin da ya shiga tasha bai kawo komai ba tukuna, sai an sauke abin da ke cikinsa, an kwashe, an ɓoye inda bam ba zai same shi ba. Hakan kuma ba ya yiwuwa sai da jiragen sama masu tsare samaniyar tashar, su kuma ba sa tashi sai da fetur ɗin da ayarin ke ɗauke da shi. Wannan ƙulli shi ne ya wahalar da Ingila shekara biyu, kuma yadda aka kwance shi ya fi yawan jiragen rakiya bayyana abin da ya faru.

Dalilin nacewa a kan ɗan tsibirin yana kan taswira. Sojojin Italiya da na Jamus da ke Libiya, waɗanda Janar Rommel ya jagoranta daga 1941, man motocinsu da abincinsu daga tashoshin Italiya suke tsallakawa zuwa Tarabulus da Bangazi, Malta kuwa tana zaune a gefen wannan hanya. Jiragen sama da jiragen ƙarƙashin ruwa da ke tashi daga can suna iya tare ta. A daren 8 zuwa 9 ga Nuwamba 1941 wata 'yar rundunar ruwa da ke Malta, wadda ake kira Force K, ta auka wa wani ayarin abokan gaba mai jiragen kaya 7, ta nutsar da su duka.

Hanyar kai wa Malta agaji biyu ce, kowace da masifarta. Daga yamma, Jibralta tana da nisan kusan kilomita 1,800. Ayari zai bi ta ƙarƙashin hancin filayen jiragen sama na Sardiniya, sannan ya shiga matsatsin da ke tsakanin Tunisiya da Sisili, inda ruwa ba zurfi, aka kuma shuka nakiyoyi. Manyan jiragen yaƙi ba sa shiga wannan matsatsi, a bakinsa suke juyawa, su bar jiragen kaya da ƙananan 'yan rakiya su ƙarasa cikin dare. Daga gabas, Iskandariya tana da nisan kamar kilomita 1,500, kuma tun da Jamusawa suka kame tsibirin Kirit a Mayu 1941, ayari ya zama dole ya ratsa tsakanin filayen jiragen abokan gaba ta hannun dama da ta hagu. Toshewar Bahar Rum ɗin nan ce ta sa jiragen saman da Ingila ke aikawa Masar ake haɗa su a Takoradi, su bi ta Legas, Kano da Maiduguri su nufi Khartum.

Rabin ƙarshe na 1941 ya zo da sauƙi, domin Hitila ya kwashe yawancin jiragensa zuwa fagen Rasha. A Satumba, jiragen kaya 8 cikin 9 sun isa lafiya. Amma a Disamba Jamus ta naɗa Kesselring babban kwamandanta na yankin kudu, jiragen Jamus suka dawo Sisili da ƙarfinsu, lissafi ya sauya. Jirage 3 da suka taso daga Iskandariya a Fabrairu 1942, babu wanda ya kai.

Ayarin Maris 1942 shi ya fi cancanta a tsaya a kai. Jirage 4 ne, Breconshire, Clan Campbell, Pampas da Talabot, ɗauke da kaya kusan tan 26,000. Ranar 22 ga wata rundunar ruwan Italiya, har da babban jirgin yaƙi Littorio, ta tare su a mashigin Sirte. Admiral Philip Vian, mai jagorantar 'yan rakiya, da jiragen da ba su kai na abokan gaba ƙarfi ba, ya yi ta baza hayaƙi yana kai hari yana janyewa har dare ya yi, Italiyawa suka juya. A Landan an yi murna, an kira shi nasara. Sai dai faɗan ya tura jiragen kayan kudu, ya ci musu sa'o'in da ya kamata su shiga tasha kafin gari ya waye. Da rana tsaka jiragen Jamus suka same su. Clan Campbell ya nutse a kusa da tsibirin, Breconshire ya lalace aka ja shi zuwa tashar Marsaxlokk inda daga baya ya kife. Pampas da Talabot sun shiga babbar tashar Valletta, mutane na tsaye a kan ganuwa suna yi musu shewa. Bayan kwana uku duka biyun suna kwance a ƙasan tashar. Talabot da gangan aka buɗe masa ruwa, don wuta ta kama shi kuma cike yake da harsasai, in ya fashe unguwannin bakin tasha za su tafi tare da shi. Abin da aka tsira da shi a duk ayarin bai wuce tan 5,000 ba. Matuƙa sun cika alkawarinsu. A tashar ne shiri ya gaza: saukar kaya tana tafiyar hawainiya, tana tsayawa in jiniya ta yi ƙara, kuma babu isassun jiragen sama da za su kori masu kai hari.

Afrilu ya fi kowane wata muni, bama-baman da aka zuba sun haura tan 6,000. Ranar 15 ga watan Sarki George na VI ya ba tsibirin baki ɗaya lambar yabo ta George Cross. Kwana biyar bayan haka jirgin ruwan Amurka mai ɗaukar jiragen sama, Wasp, ya kawo jiragen Spitfire fiye da 40. Kuskuren Maris aka sake: jiragen sun sauka ba a shirya karɓarsu ba, Jamusawa suka same su a ƙasa, cikin 'yan kwanaki kaɗan suka rage masu tashi. Da Wasp da takwaransa na Ingila, Eagle, suka sake kawo kusan 60 ranar 9 ga Mayu, an koyi darasi. Kowane jirgi da lambarsa, da mutumin da zai tarye shi ya kai shi makwancinsa, wani ɗan shinge da sojojin ƙasa suka gina da duwatsu da galan-galan na fetur da aka cika da ƙasa. A nan ana jiransa da mai da harsashi, matuƙin da ya kawo shi ya sauko, wanda ya san samaniyar Malta ya hau, cikin 'yan mintoci jirgin ya koma sama. Da maharan suka iso, a sama suka tarar da su. A wannan rana nake ganin ƙullin ya fara sassautawa, wata uku kafin ayarin da ya yi suna.

Yunwa dai ba ta jira. A Yuni aka tura ayari biyu lokaci guda, jirage 6 daga Jibralta, 11 daga Iskandariya. Na gabas ya juya bayan harsasan kakkaɓo jiragen sama sun kusa ƙare masa, na yamma jirage 2 kacal ya kai, kuma tankar mai Kentucky tana cikin waɗanda aka rasa. An rage rabon burodi zuwa kusan giram 300 a rana. Gwamnati ta buɗe wuraren dafa abinci na gayya, Victory Kitchens, saboda tukunya ɗaya babba ta fi ɗari ƙanana tattalin kananzir. An yanka awaki da yawa don babu abin ba su, nonon da suke bayarwa kuma ya tafi da su. Sabon gwamna, Lord Gort, da ma'aikatansa suna riƙe da wani lissafi na ranar da gari da mai za su ƙare a miƙa wuya, kuma ranar ba ta wuce farkon Satumba ba.

Wannan lissafi ne ya haifi ayarin Pedestal. Jiragen kaya 14 masu sauri suka ratsa Jibralta a daren 9 zuwa 10 ga Agusta, ƙarƙashin Admiral Syfret, da rakiyar manyan jiragen yaƙi Nelson da Rodney, jirage masu ɗaukar jiragen sama, da ƙananan jiragen yaƙi fiye da 30. An yi lodin kayan da dabarar da fatake suka sani, ba a ɗora dukkan haja iri ɗaya a kan raƙumi ɗaya. Kowane jirgi an zuba masa fulawa, harsashi da fetur a galan, don duk wanda ya kai ya kai wani abu na komai. Dabarar tana da tsada ƙwarai, domin ta mayar da kowane jirgi abin fashewa. Da bam ya sami Waimarama da safiyar 13 ga wata, nan take ya tarwatse, yawancin mutanensa suka mutu, teku ta kama wuta, Melbourne Star da ke bayansa ya bi ta tsakiyar wutar.

Tankar mai ɗaya ce tak a ayarin, Ohio, mallakar kamfanin Texaco na Amurka, aka ba ta ma'aikata 'yan Ingila ƙarƙashin Kyaftin Dudley Mason. Saboda abin da ya sami Kentucky, an ɗora injinanta a kan roba, aka tallafi bututun tururinta, don girgizar bam da ya faɗi kusa kada ta karya su. Ranar 11 ga wata jirgin ƙarƙashin ruwa na Jamus U-73 ya nutsar da Eagle. Washegari aka yi wa wani mai ɗaukar jiragen sama, Indomitable, mummunar illa, Syfret ya juya da manyan jirage. Da magariba, a bakin matsatsin, jirgin ƙarƙashin ruwa na Italiya Axum ya harba topido 4, ya sami jirage 3: Ohio, jirgin yaƙi Cairo, da jirgin yaƙin da aka raɗa wa sunan Nijeriya. Biyun ƙarshen nan su ne ke ɗauke da na'urorin rediyon da ake jagorantar jiragen saman kariya da su, saboda haka harbi ɗaya ya kurmantar da ayarin. Cikin dare ƙananan kwale-kwalen topido suka yi ta ɗauke jiragen ɗaya bayan ɗaya a gaɓar Tunisiya. Rundunar ruwan Italiya da ta fito don ƙarasa ragowar ta koma gida, domin ba a ba ta jiragen sama masu kare ta ba. Dokar da ta ɗaure Ingila ita ce ta ɗaure su.

Jiragen kaya Port Chalmers, Rochester Castle da Melbourne Star sun shiga tasha ranar 13, Brisbane Star ya biyo su ranar 14 da fasasshen goshi. Ohio kuwa injinta ya mutu, jirgin saman Jamus da aka harbo ya faɗo a kanta, tana nutsewa a hankali. Jiragen yaƙi Penn da Bramham suka ɗaure ta a tsakaninsu, Ledbury na taimakawa wajen juya ta, aka lallaɓa da ita har tasha da safiyar 15 ga Agusta, ranar bikin Santa Marija, sunan da mutanen Malta ke kiran ayarin da shi har yau. An rasa jiragen kaya 9, jiragen yaƙi 4, da rayuka fiye da 500. Wannan karon tasha a shirye take. Sojoji da 'yan dako suna aiki dare da rana, motoci na kwasar kaya zuwa rumbuna a warwatse cikin tsibirin, jiragen Spitfire suna shawagi a sama. An sauke kaya kusan tan 32,000 da mai kamar tan 10,000. Jirage 5 cikin 14 adadi ne mai ciwo, amma abin da suka shigo da shi ya kai hannun masu shi, saɓanin Maris.

Masana tarihi ba su daidaita ba kan ko tsibirin ya cancanci wannan jini. Martin van Creveld, a littafinsa na 1977 kan dakon kayan yaƙi, ya nuna cewa yawancin kayan Rommel sun tsallaka teku lafiya, abin da ya karya shi shi ne ƙanƙantar tashoshin Libiya da doguwar hanyar mota, fiye da kilomita 2,000 daga Tarabulus zuwa fagen daga a El Alamein. Correlli Barnett ya fi zafi, yana ganin Ingila ta maƙale wa Malta ne don kare martaba. Hujjarsu tana da nauyi, kuma ta gyara ƙarin gishirin da aka daɗe ana yi. Inda na rabu da su shi ne a kan nau'in kaya da lokacinsa. Man da Ohio ta kawo ya dawo da hare-haren Malta a Satumba da Oktoba 1942, kuma da taimakon saƙonnin abokan gaba da masu fasa lambobin sirri na Ingila ke karantawa, an fi farautar tankokin mai, daidai lokacin da Rommel ke ƙirga fetur ɗinsa kafin gumurzun El Alamein. Ban da haka, barin tsibirin yana nufin barin mutane dubu 250 ga yunwa ko ga mamaya, wannan kuwa ba ya shiga ma'aunin tan.

Pedestal bai kawar da ƙawanyar ba, makonni ya saya. Rabon abinci ya ci gaba da zama kaɗan, jiragen ƙarƙashin ruwa da jiragen shuka nakiya masu gudu irin su Welshman suna satar hanya da ɗan abin da za su iya ɗauka. Abin da ya buɗe hanya a kan tudu ya faru. Bayan El Alamein sojojin Ingila sun kame filayen jiragen sama na gabashin Libiya, ayari ya sami inuwar jiragen kariya a mafi yawan tafiyarsa. Ranar 20 ga Nuwamba 1942 jirage 4 daga Iskandariya suka shiga Valletta ba a taɓa ko ɗaya ba, ko da yake jirgin rakiya Arethusa ya sha topido ya rasa mutane da yawa. A farkon Disamba wasu 5 suka biyo baya lafiya, daga nan aka fara ƙara wa jama'a rabon abinci.