Subrata Mitra da Hasken Tsakar Gida



Yawancinmu mun taso da kallon finafinan Indiya, mun haddace sunayen jarumai, amma da wuya mu iya kawo sunan mai ɗaukar hoto ko da guda. Yau za mu duba rayuwar ɗaya daga cikinsu, Subrata Mitra, mutumin Kalkata, wanda aka haifa a 1930 ya rasu a 2001.

Bayan Yaƙin Duniya na Biyu da samun 'yancin Indiya a 1947, galibin finafinan ƙasar a cikin situdiyo ake yin su, ana dalle 'yan wasa da manyan fitilu. Lokacin da daraktan Faransa Jean Renoir ya je ɗaukar fim ɗinsa The River a yankin Kalkata, Mitra matashi ne mai ɗaukar hoto marar motsi. Ya riƙa zuwa wurin yana kallo, yana rubuta yadda ake jera fitilu. A can ya haɗu da Satyajit Ray.

Da Ray ya tashi mayar da littafin Pather Panchali fim, sai ya danƙa wa Mitra kyamara, alhali shekarunsa 21 kuma bai taɓa ɗaukar fim ba. An fara aiki a 1952, kuɗi suka ƙare, har sai da gwamnatin Bengal ta Yamma ta tallafa. Fim ɗin ya fito a 1955, ya samu kyauta a bikin Cannes a 1956.

A fim na biyu, Aparajito, aka ci karo da matsala. Ana buƙatar tsakar gida irin ta birnin Banaras, amma saboda tsoron ruwan damina aka gina ta a cikin situdiyo. Mitra ya lura cewa hasken irin wannan gida daga sama yake sauka a tausashe, ba ya yin inuwa mai kaifi. Sai ya shimfiɗa farin ƙyalle a saman ginin, ya haska fitilu a jikinsa, hasken ya dawo ƙasa kamar na sararin sama. Fim ɗin ya lashe babbar kyautar bikin Venice a 1957. Mitra ya ci gaba da aiki da Ray har zuwa Nayak a 1966.

To, ina ruwanmu da wannan? Sau nawa muke siffanta falo da gida a labaranmu daga abin da muka gani a fim ko littafin wani, ba daga idonmu ba? Mitra ya fara sanin yadda haske yake a gida na gaske, sannan ya nemo dabara.

Aikinmu na wannan mako: kowa ya zauna a tsakar gidansu bayan La'asar, ya rubuto layi biyar kan abin da hasken ya taɓa da abin da ya bari. Muna jiran naku. Allah Ya ƙara basira.