Makaɗan Yandi da Duniyar Magabata

A ƙarni na 10, a birnin Basara na ƙasar Iraƙi, an yi waɗansu masana da suka ɓoye sunayensu, suka kira kansu Ikhwanus Safa. Sun rubuta wasiƙu fiye da 50 a kan ilmi iri iri, ta biyar kuwa a kan kiɗa ce. A cikinta suka ce falaki da taurari suna da nasu amo mai daɗi yayin da suke juyawa, kiɗan da ɗan Adam yake yi kuma inuwa ce ta wannan, shi ya sa rai yakan yi begen wata duniya idan ya ji tsirkiya ta yi daidai da 'yar'uwarta. Wannan ra'ayi daga Fisagoras Bahelene suka gada. Alfarabi, wanda ya rasu a 950, ya ƙi yarda da shi, ya ce taurari ba su da wata murya.

Fataken Hausawa da suka riƙa bi ta Yandi zuwa Salaga neman goro sun tarar da wani tunani mai kama da wannan a wurin Dagombawa, sai dai su ba sama suke dubawa ba. Duniyar da makaɗan Yandi suke magana da ita, ta magabata ce.

Ana kiran makaɗan nan lunsi, abin kiɗansu kuwa lunga, wanda Bahaushe zai gani ya ce kalangu ne. Sana'ar gado ce. Suna danganta kansu da Bizung, ɗan Na Nyagsi, sarkin da ya faɗaɗa ƙasar Dagomba wajen ƙarni na 15, shugabansu a fadar Ya Na kuma shi ne Namo Na. Kowane sarki da ya shuɗe yana da takensa, wanda yawanci karin magana ne da kalangu yake furtawa. Idan aka kaɗa taken a kasuwa ko gidan biki, jikan wannan sarki zai miƙe ya taka, domin a ganinsu kakansa ne aka kira, shi kuwa yana amsawa a madadinsa.

Babban abin shi ne Samban Lunga, wato kiɗan tarihi da akan yi a ƙofar fada da dare lokacin Salla, har gari ya kusa wayewa. Makaɗi ɗaya zai tsaya yana rera labarin sarakuna, sauran suna amsawa. Ba a shiga wannan aiki da wasa. Akwai sarakunan da ba a buɗe labarinsu sai an yi yanka, gama makaɗan sun gaskata cewa wanda ya tono zancen matattu ba da ladabi ba, ko ya karkatar da shi, abin zai komo kansa. Mai karatu yana iya cewa camfi ne. Amma wannan tsoron ne ya hana makaɗi ƙara wa tarihi gishiri yadda ya ga dama, ko da sarkin da ke zaune yana so.

Wanda ya fi bayyana wa duniya wannan tunani shi ne Alhaji Ibrahim Abdulai, wani makaɗi na Tamale. Shi ya koyar da wani Ba'amurke, John Miller Chernoff, wanda ya buga littafi a 1979 a kan kiɗan Afirka. Koyarwar ita ce, daɗin kiɗa ba daga ƙarfin hannu yake fitowa ba. Mai zafin zuciya yakan ɓata kiɗa. Kowace ganga sai ta bar wa 'yar'uwarta wurin magana, haka kuma zaman gari yake, tsakanin yaro da babba, da tsakanin masu rai da waɗanda suka riga su.

Yandi ta ga abin da yakan faru idan wannan jituwa ta karye. A watan Maris na 2002 rikicin gidan Abudu da gidan Andani, zuriyar sarki ɗaya, ya kai ga kashe Ya Na Yakubu Andani II tare da mutane da dama a fadar Gbewaa. A al'adar Dagomba ba a naɗa sabon Ya Na sai an gama bikin makokin wanda ya rasu. Ga shi kuma akwai makoki biyu a rataye, na Yakubu Andani da na Mahamadu Abdulai IV, wanda aka tuɓe a 1974, ya rasu a 1988. Kowane gida ya kafe a kan nasa. Shekara 17 fatar sarauta tana jira, mai riƙon ƙwarya yana tsaronta. Sai da kwamitin manyan sarakuna uku, ƙarƙashin Sarkin Asante Osei Tutu II, ya tsara aka yi makokin biyu ɗaya bayan ɗaya, daga Disamba 2018 zuwa Janairu 2019, sa'an nan aka zaɓi Ya Na Abukari II, lunsi suka kaɗa masa take.